Daga 151 Zuwa 1,025: Tarihin Dodannin Pokémon da Makomar Tsofaffinsu

  

Yau zan ɗan kauce wa batutuwan da muka saba tattaunawa, in taɓo wani abu da galibin manyanmu ke ɗauka shiriritar yara ce, wato wasan Pokémon. Abin da ya jawo maganar shi ne, kwanakin baya muna zaune bakin shago ni da wani ƙanena yana ta latse-latsen waya, sai ya ɗago kai ya tambaye ni ko na san yawan dodannin Pokémon. Ni kuwa da yake na yi zamani da wani tsohon Game Boy na gwanjo mai kaset ɗaya tal, ban yi wata-wata ba na ce masa 151 ne. Yaro ya kwashe da dariya ya ce, "Haba Yaya, ai an bar ka a tasha, tuni suka wuce dubu." Ban yarda ba sai da ya nuna mini. Wannan ya sa na koma na bi diddigin abin tun daga tushe, kuma abin da na samo shi ne zan kawo mana a yau.

Duk wanda ya tashi a gidan 'yan kasuwa ya san wata matsala: sabon kaya na shigowa, shago bai ƙara faɗi ba, tsohon kayan kuma yana da masu sonsa waɗanda ba za su yarda a kawar da shi ba. To wannan matsalar ce kamfanin da ke ƙera wasan ya yi ta fama da ita tun 1999, domin duk lokacin da ya fito da sabon rukunin dodanni sai ya sake fuskantar tambaya guda: ya za a yi da tsofaffin? Masu wasan sun kasa tarihin gida tara, gwargwadon fitowar waɗannan rukunai. Ni a nan zan kira kowane kashi "zango", don sauƙin fahimta.

Yaro mai farautar ƙwari

Wanda ya ƙirƙiro wasan wani ɗan ƙasar Japan ne mai suna Satoshi Tajiri. An haife shi a 1965, ya tashi a garin Machida da ke gefen birnin Tokiyo, a lokacin da wurin ke cike da gonaki da kududdufai. Yana yaro ba shi da aikin da ya wuce kama ƙwari yana tarawa. Kafin ya girma gine-gine da kwalta sun cinye filayen, ƙwarin kuma suka yi ƙaura. A 1983 ya soma buga wata 'yar mujalla kan wasannin gem mai suna Game Freak, wani mai zane Ken Sugimori ya zo suka haɗa hannu, a 1989 kuma suka mayar da ita kamfanin ƙera wasanni.

A wannan shekara ce kamfanin Nintendo ya fito da Game Boy, 'yar na'urar wasa ta riƙewa a hannu, wadda ke da wata waya da ake jona na'ura biyu da ita. Sauran masu ƙera wasanni sun ɗauki wayar hanyar gasa ce tsakanin mutum biyu. Shi kuwa Tajiri musaya ya hango: yaro ya kama wata halitta a tasa na'urar, ya tura wa abokinsa ta wayar, abokin ya ba shi wata. Aikin ya ci kimanin shekara 6, sannan a ranar 27 ga Fabrairun 1996 wasan ya fito a Japan cikin kaset iri biyu, Red da Green. Cikakken sunansa Pocket Monsters, wato dodannin aljihu, shi aka gutsure ya koma Pokémon.

Zango na farko: 151

Ga wanda bai taɓa bugawa ba, ga yadda abin yake a taƙaice. Kai yaro ne a wani yanki da ake kira Kanto, sunan da aka aro daga yankin Japan na gaskiya inda Tokiyo take. Wani farfesa zai ba ka zaɓin dodo ɗaya cikin uku: Bulbasaur na ciyawa, Charmander na wuta, ko Squirtle na ruwa. Daga nan sai ka shiga duniya kana kama wasu cikin 'yar ƙwallo, kana horar da su, kana haɗa su faɗa da na wasu. Kowane dodo yana da danginsa, kuma dangogi 15 ne a lokacin. Ruwa na cin wuta, wuta na cin ciyawa, ciyawa na cin ruwa. Idan dodo ya samu horo yakan rikiɗe ya koma wani mafi girma, kamar yadda tsutsa ke komawa malam-buɗe-littafi. Charmander ɗan ƙadangare ne, amma a ƙarshe yakan zama Charizard mai fukafukai da aman wuta. Duk wanda ka kama kuma ana shigar da shi wani kundin rajista mai suna Pokédex, kowa da lambarsa: Bulbasaur ne na 1, Pikachu na 25.

Inda hikimar kasuwancin take shi ne, babu kaset ɗin da ke ɗauke da dukkan dodannin. Akwai waɗanda sai a Red ake samu, akwai waɗanda sai a Green. Bugu da ƙari, dodanni huɗu, Kadabra da Machoke da Graveler da Haunter, ba sa kai wa siffarsu ta ƙarshe sai an tura su ta waya zuwa na'urar wani. Ke nan ko ka ƙi ko ka so, idan kana son cika kundinka dole ka nemi abokin ciniki. Tun ranar farko an gina wasan ne a kan cewa dodo kaya ne mai tafiya daga hannu zuwa hannu.

A hukumance 150 aka sanar. Na 151 ɗin, Mew, wani ma'aikacin kamfanin mai suna Shigeki Morimoto ne ya cusa shi dab da kammala aiki, cikin ɗan gurbin da ya rage a kaset. Ba a tanadi wata hanyar kama shi ba, amma kurakuran da ke cikin wasan suka sa wasu yara suka yi kiciɓis da shi, jita-jita ta bazu. Da mujallar yara ta CoroCoro ta sa gasar ba da Mew ga mutum 20 a 1996, kimanin mutum 78,000 ne suka nema. Daga nan kasuwar wasan ta buɗe. Zanen katun na talabijin ya biyo baya a 1997, wasan kuma ya isa Amurka a 1998 da sunan Red da Blue, inda taken tallarsa ke kiran yara su kama dodannin gaba ɗaya. Mai karatu ya riƙe wannan alkawari a ransa, domin za mu dawo kansa.

Zango na biyu: sabo da tsoho a shago ɗaya

A Nuwamban 1999 aka fito da Gold da Silver, da sababbin dodanni 100, jimilla ta zama 251. A nan kamfanin ya ba da amsarsa ta farko, kuma amsa ce mai daɗi: ba a zubar da kowa ba. Sabon yankin, Johto, maƙwabcin Kanto ne, kuma idan ka gama da shi sai ka tsallaka tsohon yankin ka sake zaga shi. An kuma tanadi hanyar da za ka jona sabon kaset da tsoho ka kwaso dodanninka na da.

Har wa yau, da yawa daga cikin sababbin 'yan'uwan tsofaffin ne. An raba dodanni maza da mata, suka soma yin ƙwai, aka samu jarirai irin su Pichu, wanda shi ke girma ya zama Pikachu. Onix ya samu sabuwar siffa mai suna Steelix, Scyther ya samu Scizor. An ƙara dangogi biyu, na duhu da na ƙarfe, don rage ƙarfin dangin masu sarrafa tunani waɗanda suka gagari kowa a zangon farko. Dodon da ya fi nuna wannan salo shi ne Eevee: a 1996 hanyoyin rikiɗarsa uku ne, a 1999 aka ƙara biyu, a 2006 aka ƙara biyu, a 2013 aka ƙara ɗaya, suka zama takwas.

Sai dai akwai wani rauni da ba a lura da shi ba sai daga baya. Duk abin da ka tara yana zaune ne a kaset bisa ƙarfin wani ɗan batir mai kama da kwabo da ke ciki. Ranar da batirin ya mutu, komai ya tafi. Kaset ɗin Gold da Silver ma sun fi saurin cinye shi, saboda agogon da aka sa musu mai bambance dare da rana.

Zango na uku: ranar da aka yanke igiya

A Nuwamban 2002 Ruby da Sapphire suka fito a sabuwar na'ura, Game Boy Advance, da sababbin dodanni 135, jimilla 386. Yankin wannan karo Hoenn ne, wanda aka zana bisa tsibirin Kyushu na kudancin Japan. An sake fasalin yadda ake rubuta bayanan kowane dodo tun daga tushe: kowanne ya samu wata baiwa ta musamman, da kuma hali ɗaya cikin halaye 25 da ke shafar ƙarfinsa. Wannan ya sa wasan ya ƙara zurfi, amma kuma ya zo da tsada, domin babu wata hanyar haɗa sabon kaset da tsofaffin. Duk wanda ya shekara shida yana renon Charizard ɗinsa, sai dai ya bar shi inda yake.

Daɗin daɗawa, dodanni kusan 200 ne kawai ake samu a Hoenn, kuma fiye da 180 daga cikin tsofaffin babu su kwata-kwata. Babu Bulbasaur, babu Charmander, babu Eevee. Gurbinsu na nan a cikin kaset, amma babu dajin da za ka shiga ka kamo su. Maganin da kamfanin ya kawo shi ne sake ƙera wasan farko da sabon fasali a 2004, da sunan FireRed da LeafGreen. Ma'ana, idan kana son tsohon kayanka sai ka sake saye, ka sake kamawa. Jinsin ya dawo, amma naka na kanka, wanda ka raɗa wa suna, bai dawo ba. Har yau babu wata hanya ta hukuma da dodon da aka kama a ainihin kaset ɗin 1996 ko na 1999 zai bi ya fito.

Zango na huɗu da na biyar: gada, sannan sabon shago

Da alama kamfanin ya ji a jikinsa, domin a 2006 da Diamond da Pearl suka fito a Nintendo DS, an gina gada. Na'urar DS ta farko tana da ramin da ke karɓar kaset ɗin Game Boy Advance, don haka kana iya kwaso dodanninka shida-shida zuwa sabon wasan, da sharaɗin duk wanda ya tsallako ba ya komawa. An ƙara 107, jimilla 493, kuma an koma salon 1999 na ƙara wa tsofaffi girma: Electabuzz da Magmar da Magneton duk sun samu sabuwar siffa, haka ma Rhydon, wanda shi ne dodon da aka fara zanawa tun kafin wasan farko ya fito. A wannan zangon ne kuma musaya ta hau intanet, yaro a Japan na iya ciniki da yaro a Faransa ba tare da sun taɓa ganin juna ba.

A 2010 sai suka gwada akasin haka. Black da White sun zo da sababbin dodanni 156, adadin da babu zangon da ya kai shi, jimilla ta zama 649. Yankin, Unova, an zana shi ne bisa birnin Niyok na Amurka, karo na farko da aka fita daga taswirar Japan. Hukuncin da aka yanke shi ne, ba za ka ga tsohon dodo ko ɗaya ba, har da Pikachu, sai ka gama babban labarin wasan. Manufar ita ce tsohon ɗan wasa da sabon shiga su fara daga wuri guda, kowa baƙo.

Abin ya raba kan jama'a. Wasu sun yaba, wasu kuma suka ce an dai canza wa tsohon kaya kwali ne: ga jemagen kogo a madadin Zubat, ga dutse mai rai a madadin Geodude, ga tantabara a madadin Pidgey. An yi ta yi wa Trubbish dariya, wanda ledar shara ce mai ido, da Vanillite mai kama da askirim, ana cewa basira ta ƙare. Masu kare su kuwa suka tuna wa mutane cewa a cikin 151 na farko ma akwai Grimer, wanda taɓon kwata ne, da Voltorb, wanda ƙwallo ce kawai aka yi wa ido. Gaskiyar magana ita ce sabo ke sa mutum ya ga kyawun abin da ya tashi da shi. Ko ma dai mene ne, da aka fito da ci gaban wasan a 2012 an dawo da tsofaffi tun daga farkon tafiya, kuma tun daga lokacin kamfanin bai sake rufe musu ƙofa gaba ɗaya irin haka ba.

Zango na shida: da tsohuwar zuma ake magani

X da Y sun fito a Oktoban 2013 a na'urar 3DS, a yankin Kalos mai kama da Faransa. Sababbin dodanni 72 ne kacal, mafi ƙaranci a tarihin wasan, jimilla 721. Wannan karon an bar zanen shafe an koma siffa mai jiki da ake iya kallo ta kowane ɓangare, ke nan sai da aka sake ƙera duk dodannin baya ɗaya bayan ɗaya. Daga nan nauyin yawansu ya fara bayyana a fili.

Maimakon yawan sababbi, sai aka ƙawata tsofaffi. An kawo wata rikiɗa ta wucin gadi mai suna Mega, wadda ke ɗaukar tsawon faɗa ɗaya kawai, Charizard da Mewtwo kowanne ya samu iri biyu. An ƙara dangi na 18 mai suna Fairy don taka wa dangin Dragon birki, aka kuma mayar da tsofaffi irin su Clefairy da Jigglypuff cikinsa. Sannan aka buɗe Pokémon Bank, wani rumbu a intanet mai ɗaukar dodanni 3,000, wanda a lokacin ake biyan kuɗin haya duk shekara. Wato shago ya cika, an kama sito.

Zango na bakwai: baƙon da ya zama ɗan gari

A ganina amsar da ta fi kowace kyau ita ce ta 2016, shekarar da wasan ya cika 20, wadda kuma a cikinta ne Pokémon Go ya fito a wayoyin hannu ya dawo da hankalin duniya kan dodannin farko. A Nuwamban shekarar Sun da Moon suka fito, a yankin Alola da aka zana bisa tsibiran Hawai. Sababbin wannan zango sun kai 88, jimilla 809, amma abin da aka fi magana a kai shi ne tsofaffi 18 na zangon farko da suka bayyana da sabuwar kama. Bayanin da wasan ya bayar shi ne, kakanninsu sun yi ƙaura zuwa tsibiran, zama ya yi tsawo, muhalli ya sauya su.

Vulpix, wanda muka sani a matsayin jar yanyawa mai jela shida ta dangin wuta, ya zauna kan dutse mai dusar ƙanƙara ya koma fari fat, ɗan dangin ƙanƙara. Exeggutor, bishiyar kwakwa mai tafiya wadda tsayinta mita 2 ne a Kanto, ya samu rana isasshiya ya miƙe har kusan mita 11, har mutanen Alola na cikin wasan na alfaharin cewa tasu ce ainihin siffarsa, ta Kanto ce tsumburarriya. Labarin ɓeran nan Rattata ya fi ban sha'awa: da ya addabi mutane sai aka shigo da wani dodo mai kama da tunku, Yungoos, don ya cinye shi, shi kuwa ɓeran ya koma fita da dare, ya yi baƙi, ya shige cikin gari. Wannan daga tarihin Hawai na gaskiya aka ɗauko shi, domin a 1883 an kai tunku can don ya kashe ɓerayen gonakin rake, sai aka tarar tunku da rana yake yawo, ɓera kuma da dare, tunkun ya koma cin ƙwan tsuntsayen ƙasar.

Abin lura a nan shi ne lambar rajista ba ta canzawa. Vulpix fari da Vulpix ja duk lamba 37 ne. Kyanwar nan Meowth yanzu kama uku gare ta, ta Kanto da ta Alola da wata mai gemu ta dangin ƙarfe da ta zo a 2019, amma duk lamba 52 ce. Mu da aka haifa a Sabo, waɗanda in mun je gida ake cewa Hausarmu ta sha ruwan Kurmi, ba ma buƙatar dogon sharhi kan wannan. Ta fuskar kasuwanci kuwa dabara ce mai riba biyu: tsohon mai saye ya ga abin da ya sani, sabon mai saye ya ga sabon abu, kundin kuma bai ƙara kauri ba.

Zango na takwas: rigimar 2019

A watan Yunin 2019, wurin baje kolin wasanni na E3 a Amurka, Junichi Masuda, ɗaya daga cikin manyan Game Freak, ya sanar da cewa a wasa mai zuwa, Sword da Shield na na'urar Switch, ba kowane dodo ne zai iya shiga ba. Wanda ba ya cikin jerin da aka zaɓa, ko kana da shi a rumbu, can zai zauna. Dalilan da ya bayar su ne yawan dodannin, da lokacin da ake buƙata wajen ƙera siffa da motsin kowanne a sabuwar na'ura, da wahalar daidaita ƙarfinsu a fagen faɗa. Ya kuma nuna cewa haka tsarin zai ci gaba.

Intanet ta kama da wuta. Da yake yankin wasan, Galar, an zana shi ne bisa Birtaniya, wadda a lokacin ke cikin rikicin ficewa daga Tarayyar Turai, sai masu wasan suka laƙaba wa abin suna Dexit, a kan ma'aunin Brexit. Kundin Galar ya fito da dodanni 400, ke nan fiye da rabin tsofaffin an bar su a waje. Charizard na ciki, amma Bulbasaur da Squirtle da suka fara tafiya tare da shi ba sa cikin kundin.

Don mai karatu ya gane zafin abin, ya dubi irin hanyar da mutum kan bi. Dodon da aka kama a Ruby a 2002 ana iya tsallakar da shi zuwa Diamond, daga can zuwa Black ta hanyar haɗa DS biyu, daga can zuwa Bank. Akwai mutanen da suka yi wannan jigila shekara 17, suna sayen kowace na'ura, suna biyan hayar rumbu, don kawai abokin tafiyarsu na ƙuruciya ya bi su duk inda suka je. Irin waɗannan ne aka ce wa ƙofa ta rufe. A 2002 an iya cewa na'ura ce ta hana. A 2019 kuwa zaɓi ne aka yi da gangan, aka kuma faɗa a bainar jama'a.

Duk da hayaniyar, wasan ya sayar da kwafi fiye da miliyan 6 a makon farko. A 2020 aka buɗe sabon rumbu mai suna Pokémon Home, wanda a lokacin yake ɗaukar 30 kyauta, 6,000 ga mai biya, aka kuma sayar da ƙarin yankuna biyu da suka dawo da tsofaffi sama da 200. An ci gaba da salon sauya kama: Weezing na Galar ya fito da dogayen bututun hayaƙi irin na masana'antun Ingila, Corsola kuma, wanda murjani ne ruwan hoda, ya koma fari ya zama fatalwa saboda tekun da yake ciki ya sauya. Da wasan Legends: Arceus na 2022, jimillar wannan zango ta tsaya a 905.

Zango na tara: an haura dubu

Scarlet da Violet sun fito a Nuwamban 2022, a yankin Paldea mai kama da Sifen da Fotugal, su ma da kundi mai 400 a farko. Lamba ta 1,000 ta faɗa kan Gholdengo, wani dodo da jikinsa duk tsabar zinare ne, wanda ba ya samuwa sai ka tara kwabbai 999. An kuma ƙara sababbin dabarun juya tsohon kaya: ga Wiglett, wanda in ka gan shi za ka rantse Diglett ne, amma wasan ya ce jinsi ne daban, zama iri ɗaya ne ya sa suka yi kama, ga kuma wasu da aka ce kakannin dodannin yau ne ko jikokinsu na can gaba. Da fitowar Pecharunt a Janairun 2024, sababbin wannan zango suka cika 120, kundin ya kai 1,025.

A gefe guda kuma tsohuwar gadar na ƙara tsukewa. A Maris na 2023 Nintendo ya rufe kantin sayar da manhajoji na 3DS, don haka duk wanda bai sauke Pokémon Bank kafin ranar ba, ya rasa hanyar kwaso dodanninsa na tsofaffin na'urori zuwa Home.

Kammalawa

Idan aka tambaye ni wa ke da gaskiya, zan ce kamfanin yana da hujja, domin babu shagon da zai baje kaya dubu a kanta ɗaya kuma kowanne ya samu kulawa. Amma masu ƙorafin ma ba shirme suke yi ba. Kamfanin ne da kansa ya koya musu cewa dodo abokin tafiya ne, ya ba su damar raɗa masa suna, ya ce su kama duka, ya gina musu gadoji, ya karɓi kuɗin haya. Wanda ya koya maka riƙon amana bai kamata ya yi mamaki ba in ka ƙi sakin abin da ya ba ka. Darasin da na ɗauka shi ne, abin da ka tara a cikin irin waɗannan wasanni, yau naka ne, amma makullin rumbun yana aljihun wani.

Ni nawa Charizard ɗin bai ma kai ga wannan rigima ba. Wata rana na kunna Game Boy ɗin na tarar batirin kaset ya mutu, wasan na tambayata ko zan fara sabo. Da na ba ƙanena wannan labari sai ya ce ai ba komai, zai kama mini wani a wayarsa. Na gode masa, amma na ce ya bari kawai.

Idan akwai wanda ya yi zamani da wani zango daban, ina so in ji wane dodo ne ya fara da shi, kuma ina ya bar shi.